Muryar Aljihu

Mai Katako yana cikin ja wa katako tef, kafintan da ya zo saye ya sake ƙyalƙyalewa da dariya.

Mai Katako bai ɗago ba. Ya yi alama da fensir, ya mayar da fensirin bayan kunne.

"Katako ka zo saya, ko haƙora ka zo nuna mini?"

"Yi haƙuri, Baba. Wani abu na tuna."

"Je ka tuna shi a waje."

Kafintan ya toshe baki da hula, kafaɗunsa na rawa.

Tun safe abin yake damun tsohon. Masu dako sun gaishe shi suna dafa aljihun gaba. Mai injin yanka ya hango shi, ya haɗa tafukan hannu ya tafa kamar mai rufe littafi, na kusa da shi duk suka juya baya. A layin 'yan katako ba a saba yi masa haka ba. Magana Ɗaya suke kiransa a bayan ido, har a gaban ido ma, don bai ƙi sunan ba. In ya ce katako ya bushe, ya bushe. In ya ce ba zai sayar maka ba, ko da wa ka zo ba zai sayar ba. Tun yana saurayi yana dakon gungume a kafaɗa, ba a taɓa ganin ya tofar da yawu ya koma ya lashe ba.

Wayarsa ta yi kuka. Irin ta shafawa ce. Babbar 'yarsa, mai aikin jinya a wani gari mai nisa, ita ta aiko masa da ita cikin rigar fata mai murfi. Ya buɗe murfin, ya shafa, ya kara a kunne. Surukinsa ne, mijin 'yar.

"Lafiya lau. Ƙafar da sauƙi. Madalla. Allah ya yi albarka."

Ya rufe murfin, faf, ya jefa wayar a aljihun gaba. Rumfar ta yi tsit. Har mai injin ya kashe injinsa. Tsohon ya juya wajen Mai Fenti, maƙwabcinsa, wanda kullum yake zaune a bencin da ke tsakanin shagunansu.

"Mutumin nan da kunnuwansa kamar..."

Mai Fenti, duk da ƙibarsa, ya zabura ya damƙe masa hannu.

"Malam, don girman Allah yi shiru!"

Ya zura hannu a aljihun tsohon, abin da bai taɓa yi ba duk zamansu, ya zaro wayar ya buɗe. Gilashin na haske, lambobi na tafiya a kai. Wata 'yar murya ta fito daga ciki, a ladabce.

"Baba, ina kan layi. In kashe?"

Mai Fenti ya danna wani abu, muryar ta ɗauke.

"Zauna," in ji shi. "Gara ka gani a hannuna da ka gani a hannun wani."

Ya fito da tasa wayar. Fim ne, ɗan gajere, irin wanda Auta yake yi. Auta shi ne ƙaramin 'ya'yan Mai Katako, ƙato har da gemu, ya ƙi zaman rumfa. Shi da abokansa suke haɗa 'yan fina-finan barkwanci a kan yadda kayan zamani suke wahalar da mutane: wanda ya tura wa shugabansa hoton da ya nufi budurwa da shi, da wadda take lallashin injin cirar kuɗi ya dawo mata da kati. Tsohon bai taɓa kallon ko ɗaya ba. Ya dai bar shi yana ci yana kwana a gida bisa sharaɗi guda, kada sunansa ya shiga wannan shirme.

A fim ɗin wani tsoho ne mai gemun auduga, fensir a bayan kunne, kafaɗar hagu a karkace. A idonsa akwai tabarau mai ɗaurin zare a hannu ɗaya. Mai Katako ya san tabarau ɗin. Ya daɗe yana nemansa.

Tsohon fim yana daka tsawa a waya. "Kai ba ka da amfani! Ƙusa ma ta fi ka, ita in an buga ta tana shiga!" Ya rufe murfi, faf, ya jefa a aljihu, ya juya wajen wani mai ƙiba da ya ɓata riga da fenti. Sai murya ta yi laushi. "Ka ga yaron nan? Kai gare shi. Duk zuriyarmu ba a yi irinsa ba." Aka nuno ɗan a can wani wuri, waya na kare a kunnensa, yana washe baki. Daga nan aka kira suruki, aka sa masa albarka, aka rufe murfi, aka ce kunnuwansa kamar murfin tukunya. Aka nuno suruki yana shafa kunne.

Ba kalma ɗaya da aka ƙara. Duk nasa ne.

"Tsohuwar wayarka mai ninkewa ce," in ji Mai Fenti a hankali. "In ka ninke ta, ta yanke. Wannan kuwa murfin fata ne kawai, Malam. Fata ba ta kashe waya."

"Su can ba su da hannu? Ba sa kashewa?"

"Wa ya kafa doka a gidanka cewa ba mai kashe maka waya sai kai ka kashe?"

Mai Katako ya kau da kai. Shi ya kafa.

"Tun yaushe?"

"Tun ranar da aka kawo ta, ina jin. Ni ma jiya na sani."

Ya ɗago kai. Bakin rumfar ya cika. Masu dako, kafintoci, mai injin da garin katako a gira, har da mai shayin bakin layi. Kowa yana kallon ƙasa, kowa yana cije leɓe. Wani daga can baya ya kasa, ya saki dariya.

Tsohon ya miƙe.

"Ku shaida. Yau rana ba za ta faɗi yaron nan yana gidana ba."

"Malam, kada ka yi saurin..."

"Na faɗa."

Dariyar ta mutu. Sun san shi.

Bai kira Auta ba. Wayar ta zame masa kunama. Ya naɗe ta a hankici, ya tura ta can ƙasan aljihun wando, ya bar wa Mai Fenti jiran rumfa, ya fita titi.

A bas, kwandasta ya cusa shi tsakanin wata mata mai kwandon kaya da wani mai jakar ofis. Go-slow ya riƙe su tun kafin su kai shataletale. Zafi, hayaƙi, odar motoci. Ya kasa zama sosai. Ya gyara ƙafa, ya sake gyarawa.

Me ya faɗa? Ya shiga tono. Ƙanensa, da ya ce kansa kamar katakon da gara ta ci, ashe shi ya sa ya rage zuwa? Matar ɗansa na tsakiya, da ya ce gishirinta sai mai ƙarfin hali? Suruki kuwa, bawan Allah, kullum sai ya kira, kullum sai an taɓa kunnuwansa, bai fasa kira ba.

Amma ba zagin ne ya fi cinsa ba. Tsoho da zagi ba baƙon juna ba ne. Ɗayan ne, yabon. Ya yi wa 'ya'yansa tarbiyya da tsawa, kamar yadda aka yi masa. Bai taɓa yabon ɗa a gaban idonsa ba, don yabo yana kumbura yaro kamar yadda ruwa yake kumbura katako. Ashe duk wannan lokaci suna jin sa yana narkewa a benci kamar man shanu a rana. Suna zuwa su durƙusa, yana haɗe rai, su kuwa sun san abin da ke ciki.

Daga kujerar baya ya ji muryarsa a wayar wani, fim ɗin ne. "Ƙusa ma ta fi ka!" Motar ta ɗauki dariya. Wayar ta yi ta yawo hannu zuwa hannu har ta iso layinsu.

"Munafunci ne kawai," in ji mai jakar ofis. "Fuska biyu."

"Kai yaro ne," in ji matar. "Kunya ce. Namu uban haka yake, Allah ya jiƙansa. Tsawa safe, tsawa yamma. Sai dai shi a zamaninsa aljihu ba ya magana. Har aka kai shi makwancinsa ban san ko yana ƙaunata ba."

"Ni nawa tsohon in ya rufe waya, sabon zagi yake ɗorawa," in ji kwandasta daga bakin ƙofa. "Ciki da waje duk ɗaya. Mutumin kirki ke nan!"

Aka sake dariya. Matar ta juyo.

"Baba, kai me ka gani?"

"Ɗan da ya yi wannan ba shi da tarbiyya."

"Wataƙila. Amma yana son ubansa. Wanda ba ya sonka ba zai tsaya kallonka har ya san yadda kafaɗarka take ba."

Tana faɗa idonta ya sauka a kan kafaɗarsa ta hagu. Ya hau zuwa bayan kunnensa. Ya manta da fensirin. Bakinta ya buɗe.

"A sauke ni nan!"

"Baba, ba mu kai tasha ba."

"Na ce a sauke ni."

Ya ƙarasa da ƙafa cikin rana, fensir a hannu, yana ƙoƙarin daidaita kafaɗa. Ta ƙi.

Inda suke aikin, wani shago ne a saman bene, a layin masu gyaran waya. Ya san wurin, bai taɓa hawa ba. Ya hau yana dafa bango. Ciki wayoyin lantarki ne ko'ina a ƙasa, da fitila mai kama da zobe a kan sanda. A tsakiya an yi injin cirar kuɗi da kwali, an shafa masa fenti. Wata mata ta durƙusa a gabansa tana cewa, "Haba ɗan albarka, katin nan shi ke nan gare ni." Ta wata 'yar kafa, hannun mutum ya fito ya miƙo mata ɓawon ayaba.

Mai ɗaukar hoton ta waiwayo ta gan shi. Ta tafa, ta ɗauka Auta ne cikin shigar fim.

"Kai, Darakta, yau ka kashe shi! Ina ka samo gemun nan? Har da furfurar gira!"

Ta miƙo hannu za ta taɓa. Ya dube ta. Hannun ya tsaya a iska, ya koma a hankali. Mai durƙuso ta miƙe. Hannun da ke cikin kwali ya janye da ɓawonsa.

"Ina yake?"

Ta nuna wata ƙofa a jikin shingen filawud. Ya nufi can. Ko a cikin fushi sai da idonsa ya ga aikin: filawud mai arha, ƙusoshi a karkace. Ya ɗaga hannu zai tura, sai ya ji muryar babbar 'yarsa. Auta ya sa ta a lasifika.

"Ba ka ji ba ne, ko ba ka so ka ji? Taga ɗaya gare mu, ka je ka toshe!"

"Yaya, wallahi ban zaci zai bazu haka ba. Ai ba ya kallo."

"Kai kana gida, kana ganinsa kullum. Ni fa? In na kira, me yake ce mini? Lafiya lau, je ki yi aikinki, faf. Sai in zauna a ɗakin hutawa da takalmi a hannu, in ji ƙarar injin yanka, in ji yana gaya wa Baba Mai Fenti cewa 'yarsa ce take riƙe da asibitin gaba ɗaya, likitoci sai sun tambaye ta. Ƙarya ce, amma da ita nake kai mako. Yanzu za a nuna masa jan madanni. Ka ji daɗi, an yi maka dariya."

"Yaya..."

"Kada ka Yaya ni. Mijina ya haƙura da kunnuwansa saboda ni, kai ka kasa haƙura da fim ɗaya."

Mai Katako ya ga kansa tsaye, kunne a jikin filawud, yana satar ji. Ya ja da baya kamar ya taɓa wuta. Ya tura ƙofar.

Auta yana zaune a kan bokiti, rabin gemun auduga a haɓa, tabarau mai zare a goshi. Ya zabura, wayar ta faɗi, ya durƙusa.

"Baba."

"Tabarauna."

Ya cire ya miƙa da hannu biyu.

"Me na ce maka ranar da ka fara wannan abin?"

"Ka ce kada sunanka ya shiga. Ban sa sunanka ba, Baba."

"Ka sa kafaɗata."

Auta ya sunkuyar da kai. Audugar ta saki, ta rataye.

"Ba don in wulaƙanta ka na yi ba. Duk abin da na taɓa yi, wannan ya fi kyau. Ban iya ajiye shi ba."

"Ka iya sayar da ubanka dai."

"Zan sauke shi yanzu."

"Ka taɓa ganin an mayar da garin katako ya koma gungume?"

A ƙasa gilashin wayar na haske, yayar ma can ba ta kashe ba.

"Kafin rana ta faɗi ka kwashe kayanka daga gidana. Na faɗa a gaban mutane."

"Baba!" in ji wayar daga ƙasa.

Bai dube ta ba. Ya juya ya sauka. Ba wanda ya yi motsi a shagon.

Ya yi niyyar komawa rumfa, ƙafa ta kai shi gida. Matarsa tana tsakar gida tana kwashe shanya. Ba ta yi mamakin ganinsa da rana ba.

"An kira ki."

"An kira ni."

"Kin sani tuntuni."

"Na sani."

"Ba ki gaya mini ba."

"In gaya maka in ci me?" Ta ninke zane, ta ɗora a kafaɗa. "Kawo wayar."

Ya warware hankicin ya miƙa mata. Ta kira tata wayar, ta amsa, ta nuna masa gilashin tasa. A ƙasa akwai wata 'yar da'ira ja.

"Ga shi nan. Ka danna wannan kafin ka rufe. Shi ke nan, kowa ya huta." Ta danna, hasken ya canza. "Ba wuya. Ko jikanka ya iya."

Ya karɓa. Ya zauna a bakin baranda, ya miƙe, ya je ya gyara murfin randa da ba abin da ya same shi, ya dawo.

"Ke me kika ji?"

"Abubuwa."

"Kamar me?"

Ta ci gaba da cire shanya, ba ta dube shi ba.

"Lokacin da aka kwantar da ni a asibiti. Ka kira ka ce in daina raki in sha magani, gida ya lalace. Ka rufe. Ni kuma doka ta hana ni kashewa. Na ji ka tashi daga benci. Na ji ka shiga can bayan katakai inda ba kowa. Na ji abin da ka ce wa Ubangiji."

"Ya isa."

"Ai ban faɗa ba. Ban taɓa faɗa wa kowa ba, ko yaran. Washegari na tashi na ci abinci, likita ya ce maganinsa ne. Na bar shi a haka."

Ya duba gefe. Ƙofar ɗakin Auta a buɗe take. Katifa, tarin wayoyin caji, takalma a barbaje. A kan taga ga kwalbar maganin idon da Auta yake ɗiga masa kowace safiya, yana riƙe masa fatar ido, shi kuma yana yi masa faɗa cewa hannunsa na rawa.

"Ba za ki roƙe ni ba?"

"Na taɓa roƙonka ka lashe abin da ka tofar? Zai zo ya kwashe, na gaya masa ya zo." Ta ɗauki kwandon wanki. A bakin ƙofa ta tsaya. "Ni dai, Malam, tun da aka kawo ni gidan nan, sai da wayar nan ta zo na san wanda na aura."

Ta shige.

Ya koma rumfa bayan la'asar. Bai iya zama ba. Ya sa masu dako suka sauke jerin katakai suka sake jerawa, ya ce bai yi ba, suka mayar yadda yake. Ya auna katakon da ya riga ya auna. Ya duba rana a kan rufin kwanon da ke tsallaken layi, ta fara yin ja.

Ya kira Mai Fenti, wanda yake zaune a gabansa. Wayar Mai Fenti ta yi kuka, ya amsa.

"Kana ji na?"

"Da kunne biyu, Malam."

Tsohon ya danna ja. "Yanzu fa?"

"Ta waya dai shiru."

Ya rufe murfi, ya sa a aljihu. Aljihun ya yi nauyi, kamar an sa dutse.

"Ka san ni ma ina ciki," in ji Mai Fenti. "Duk abin da na gaya maka a bencin nan ya tafi. Maganar munsharin matata. Maganar haƙorin roba. Shi ya sa in na je gidanku yaran nan suke kallon bakina."

"Kai ka ja. Mutum sai surutu."

"Ni ne mai surutu? To."

Layin bai watse ba. Lokacin tashi ya yi, amma mai injin yana ta goge injin da ya riga ya goge. Kafintan safe ya dawo, wai ya manta da abu. Masu dako sun zauna a kan gungume. Shaidu ne, suna jiran rana.

Mai Fenti ya matso, ya rage murya.

"Malam, kowa ya san zafin rai ne. Ba wanda zai ce komai."

"Ni zan ce."

Ya je bakin rumfa ya dawo. Ya ciro tabarau mai zare, ya juya shi, ya ga an sake ɗaurin da sabon zare, an yi shi da kyau. Ya mayar. Rana ta taɓa bakin kwano.

Ya ciro wayar, ya buɗe murfi, ya nemo Auta. Bugu ɗaya aka ɗauka.

"Baba."

"Ka gama haɗa kayan?"

"Na gama, Baba. Ina bakin ƙofa."

"Abin da na faɗa a gaban mutane, na faɗa."

"Na ji, Baba."

Ya sauke wayar daga kunne. Ga jar da'irar. Babban yatsansa ya tsaya a kanta, bai taɓa ba. Mai Fenti yana kallon yatsan. Mai injin ya daina gogewa.

Faf.

Ya jefa ta a aljihun gaba, ya zauna a benci, ya miƙe ƙafa mai ciwon. Ya yi gyaran murya, ya ɗaga ta fiye da yadda ake bukata tsakanin mutum biyu.

"Mai Fenti."

"Na'am, Malam."

"Ka ga kafaɗar nan da ya yi?"

"Na gani."

"Ni kaina ban san haka nake tafiya ba. Ɗan banza, ido gare shi."

"Ido kam akwai."

"Kunnuwan suruki ne bai iya ba. Na gaske sun fi haka."

Wani a cikin masu dako ya shaƙe da dariya, na kusa da shi ya zungure shi.

"Yaron nan in ya bar gidan, ban san wanda zai sa mini maganin ido ba. Uwarsa a hanci take zubawa." Ya kakkaɓe garin katako daga gwiwa. "Da ni ne shi, da na mayar da jakar nan ƙarƙashin gado. In na dawo in same shi yana shara, kansa a ƙasa. Kuma ya kira yayarsa ya ce mata ta kira gobe, kamar yadda ta saba."

"To maganarka fa, Malam?"

"Maganata tana nan. Na ce masa wani abu ne? Da kai nake."

Mai Fenti ya duba aljihun, ya duba shaidu. Kafintan yana kallon sama. Mai injin ya koma goge injinsa da ƙarfi. Rana ta faɗa bayan kwano, ba wanda ya ce ya gan ta.

Daga cikin aljihu aka ji jan hanci. Sai 'yar murya.

"Baba, na go..."

Tsohon ya kai wa aljihun mari.

"Na aljihu ba ya magana."

Ya miƙe, ya mayar da fensir bayan kunne, ya ce a jawo ƙofa.